Sikeli Biyu

Shekara goma sha tara ina awon iri
a ɗaki mai taga ɗaya, bayan garin Garwa,
inda hanyar Gashiga ta rabu da kwalta.
Ƙwayar auduga, ƙwayar gyaɗa, masakwa,
kowace sai ta hau sikelina ta faɗi nauyinta.
Ko numfashi ba na yi kusa da shi,
kada iskar bakina ta shiga lissafi.

Njidda na teburin da ke damana.
Farar rigarmu ɗaya, har yagewar aljihu.
Rana ɗaya muka fara, Litinin bayan ƙaramar salla.
Shi ma'aikatar gona ce ta ba cibiya aronsa,
ni cibiya ta ɗauka da hannunta.
Yau yana mataki na tara,
ni ina na shida, kamar an kafe ni da ƙusa.
Jaka arba'in da biyu ke tsakaninmu duk wata:
buhun masara, kuɗin lantarki,
da maganin hawan jinin Inna.

Ba na jin haushinsa.
Shi ya ranta mini kuɗin makarantar Dudu,
bai taɓa ɗaga zancen ba.

Na sami Madam Asta mai lissafi.
Ta ce, "Malam Tanimu, ka sani,
cibiyar nan mai cin gashin kanta ce,
dokar ma'aikatan gwamnati ba ta tsallake ƙofarmu."
Na ce to.
Amma ran da muka ajiye aiki awa uku,
muka zauna gindin dalbejiya da kwalaye a hannu,
wace doka darakta ya karanto mana?
Ita ce dai, sashe na kaza, layi na kaza,
ta tsallako ƙofa ko sallama babu.
In horo ne, mu 'ya'yan gida ne,
in ƙari ne, agololi.

Cin gashin kai!
Ni ban ga tsire ba, ban ga balangu ba,
hayaƙin kawai ke shigar mini ido.

Mu ashirin da bakwai muka yi karo-karo,
muka ɗauki lauya mai jaka baƙa.
Kotun ƙwadago ta ce, ba nan ba ne, ku yi gaba.
Ta gaba ta ce, wa ya turo ku? Ku koma baya.
Yawunde ta rubuto layi biyu: ana nazari.
Binuwai ta cika, ta janye, ta cika,
sau shida ina ƙirgawa daga kan gada,
ana nazari.

Yanzu mu ashirin da huɗu ne.
Bawuro direba ya tafi bara da azumi.
Matarsa kan zo da lambar ƙara a ƙullin zane,
ta tsaya bakin taga ta ce, "An yi magana?"
In ce, "Tukuna, Yaya."
Ta ce, "Allah ya sa mu ji alheri,"
ta gyara goyon jikanta, ta koma a ƙasa.

Jiya da la'asar, kowa ya watse,
na ce Njidda ya ba ni takardar albashinsa.
Na share sikeli da gefen riga,
na ɗora tawa: giram huɗu da ɗigo shida.
Na ɗora tasa: giram huɗu da ɗigo shida.
Muka dubi juna.
Ya yi dariya har da riƙe teburi,
sai kuma ya yi shiru, ya juya yana neman hularsa
alhali tana kansa.

Sikelina bai iya karatu ba,
shi ya sa ba ya ƙarya.

Hadari ya haɗo ta wajen Tingilin.
Manoma za su zo neman iri da sassafe,
su ba ruwansu da mataki.
Na ninke takardar, na sa a aljihun da bai yage ba,
na jawo buhu na gaba.